Ƙofar Tamu Ce

Ranar da na sa hannu, a hawa na shida kan titin Marina,
Madam Folake ta miƙo min biro mai nauyi,
ta ce, "Alhaji, barka, ka zama mai gida."
Ban taɓa zuwa Makka ba, amma na amsa.
Shafi talatin da ɗaya ne. Biyu na karanta.

Ciki biyu da falo a Ikorodu,
bayan gidan mai, inda kwalta ta ƙare.
Ladidi ta shafa bango da tafin hannu
kamar mai duba goshin yaro,
ta ce, "Daga yau babu mai buga mana ƙofa ƙarshen shekara."

Miliyan goma sha biyar na ara.
Ita kaɗai na riƙe a ka,
ita nake faɗa wa abokai a Apapa
idan muna jiran kwantena ta fito.

Shekara biyar ke nan.
Daren jiya aka ɗauke wuta,
Sha'awa, 'yar aji biyar a sakandare,
ta ɗauko takardar banki daga kan firji,
ta haska da wayar uwarta,
ta buɗe bayan littafin lissafi.
"Baba, nawa kake biya duk wata?"
Dubu ɗari biyu da talatin da ɗaya, da ɗari biyar.
"Har sau nawa?"
Ɗari biyu da arba'in, in da rai.

Janaretan maƙwabci na ta tari.
Ta ninka, ta goge, ta sake ninkawa.
Miliyan hamsin da biyar da ɗoriya.
Na ce, duba dai, kin yi ɓatan kai a wani wuri.
Ba ta yi ba.

Ta bi layin farko da farce:
"Ka ga watan da ka fara?
Dubu shida da ɗari biyar ne suka taɓa bashin.
Sauran duk ruwa."

Na san ruwan Ikko.
Na san wanda ke shiga ɗaki a watan Yuli
ya ɗaga takalma ya kai su ƙarƙashin gado,
na san na tafkin da nake ƙetarawa da asuba
a kwalekwale mai inji, jaka a kan cinya.
Wannan kuwa bai jiƙa min riga ba,
ga shi har wuya.

Uwar kuɗi na zaune daram, ba ta rame ba.
'Ya'yanta nake ta ciyarwa.
Kusan miliyan goma sha huɗu na kai musu,
abin da ya ragu a jikinta
bai cika dubu ɗari bakwai ba.
Ban sa kuɗin lauya ba, ban sa inshora ba,
ban sa sallar da na yi ban je Malumfashi ba,
har Inna ta daina tambayar yaushe.

Sha'awa ta dubi ɗakin, ta yi 'yar dariya:
"To, Baba, ƙofar tamu ce, da tagogi biyu."

Ina da arba'in da takwas.
Ranar da za su sakar min takardun
zan kai sittin da uku, idan gwiwa ta yarda.

Ladidi da na zaci ta yi barci
ta ce daga ciki, "Tambaye ta,
in na riƙa zuba dubu ashirin daga cinikin zoɓo
a kan uwar, ba a kan 'ya'yan ba?"
Yarinya ta sake duƙawa. An daɗe.
"Shekara huɗu za ta fita."

Shekara huɗu.
Na juya su a baki kamar goro.

Ƙarfe huɗu na tashi, kamar kullum.
Ƙofar ta yi ƙara da na ja ta.
Na koma ciki, na ɗauko man keken ɗinki,
na ɗiga mata.